Abin da ya karkatar da bangon cocin Hvalsey

Ka tambayi dalilin da bangon kudu na cocin Hvalsey, a kudancin tsibirin Girinlan, ya karkata. Matsalar daga ƙasa take. 'Yan Katolika, jikokin baƙin da suka zo daga Aislan, suka gina shi wajen farkon ƙarni na 14: tsawo mita 16, faɗi mita 8, kaurin bango kusan mita ɗaya da rabi, an gina bangon duka da dutse. Sai dai harsashin ya hau kan tsofaffin kaburbura. Da ƙasar ta lotsa, bangon ya bi ta. Rufin kuwa katako ne, ya ruɓe tuntuni. Ɗaurin auren da aka yi a ciki a 1408 shi ne labarin mutanen na ƙarshe a rubuce.