Katin wuyan alhazai: wane laburare zai sauƙaƙa mini aiki?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ina zaune a Makka, ina taimaka wa wani kamfanin jirgin yawo da ke sauke alhazansa a Misfala. Ni nake haɗa musu katin wuya: hoto, suna da boko da Larabci, sunan masauki da lambar waya. Ɗaya bayan ɗaya nake yi a Photoshop har idona ya yi ja. Na ɗan iya Python. Wane laburare zai fitar mini da su gaba ɗaya?

Amsa: Wa'alaikumus salam, ɗan'uwa. Ɗauki Pillow, laburaren Python (wato tarin umarnai da aka riga aka rubuta) na sarrafa hotuna. Reshe ne na tsohon PIL da Fredrik Lundh ya fara a 1995; da aikin PIL ya tsaya, sai aka ci gaba da Pillow daga 2010. Ka zuba sunaye a Excel, ka sa wa kowane hoto lambar fasfon mai shi, shirinka ya bi layi layi yana manna hoto da rubutu a kan zanen kati guda. Katin da ya yi girman na banki, milimita 85.6 da 54, yana son fiksel 1011 da 638 idan za a buga shi a DPI 300, wato ɗigo 300 a kowane inci. Umarnin Pillow mai suna ImageOps.fit zai yanke kowane hoto daidai gurbinsa, amma ka fara kiran ImageOps.exif_transpose. Waya takan ajiye hoton yadda kyamara ta ɗauka, ta rubuta juyinsa a gefe, in ba ka karanta wannan bayanin ba sai ka ga Alhaji kwance a katinsa.

Hoto ba shi ne wahalar ba. Rubutu ne zai ba ka ciwon kai. Idan ka rubuta Larabci a Pillow haka kawai, haruffan za su iya fitowa a rarrabe, kuma daga hagu zuwa dama, direban tasi ya kalli sunan otal ya rasa gane kansa. Dalili shi ne yawancin haruffan Larabci suna sauya siffa a farko, tsakiya da ƙarshen kalma, kuma dole wani ya zaɓi siffar ya jera su daga dama. Wannan aikin Raqm ne, wani laburare da Pillow ke amfani da shi wajen jera rubutu, wanda shi ma ke dogara da wasu laburare biyu, HarfBuzz da FriBiDi. Gwada features.check("raqm"). In ya ce True, ka huta. In ya ce False, galibi FriBiDi ne babu a kwamfutarka, sai ka saka shi. Wasu suna bi ta arabic-reshaper da python-bidi, yana aiki, amma ni na fi son Raqm, musamman in sunan yana da wasali.

Sai haruffanmu masu lanƙwasa. Pillow ba ya aron harafi daga wani salon rubutu idan wanda ka zaɓa bai da shi, don haka Ɗanladi ko Ƙasimu za su fito da ɗan akwati a madadin harafin farko. Salon rubutu na Noto Sans da na DejaVu Sans suna da ɓ, ɗ da ƙ. Na Larabci ka ɗauki Amiri ko Noto Naskh Arabic, kowane layi da nasa. Kuma ka auna tsawon suna da textbbox kafin ka rubuta, domin sunaye uku a jere sukan fice daga kati.

Za ka ji ana yabon OpenCV, wani laburaren hotuna. Yana da amfani in kana son kwamfuta ta gano fuska ta sa ta a tsakiya, amma putText, umarninsa na rubutu a kan hoto, bai san Larabci ba. ImageMagick kuwa ya ƙware wajen rage girman hotuna da yawa a umarni guda, sai dai umarninsa na mogrify yana rubutawa a kan hotunan asali, ka ajiye kwafi tukuna.

Kafin ka kai wa mai bugawa duka, buga guda biyar ka ba wanda Larabci ya zauna masa ya karanta da ƙarfi. Ka kuma faɗa wa alhazai cewa wannan katin kamfani ne, ba ya maye gurbin katin Nusuk, wato katin shaidar alhazai na hukumomin Saudiyya, da jami'ai ke tambaya.