Tambaya da Amsa: Fim ɗin tafiya marar mai sharhi

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni matashi ne a Maraɗi, ina ɗaukar bidiyon biki. Ina son yin fim na tafiya daga nan zuwa Madarumfa da Ɗan Isa, irin wanda ba a jin mai sharhi, sai dai a ga mutane suna harkarsu. Yaya masu wannan aiki suke yi? Kuma ana cin abinci da shi?

Amsa: Wa alaikumus salam, ƙanena. Fara da ajiye halin biki. A can kai ke cewa "amarya, juyo nan." A wannan aiki ba ka da iko da kowa, jarinka haƙuri ne.

Ka je tasha ba tare da kamara ba. Gai da shugaban tasha, ka zauna wurin mai shayi, ka faɗi abin da ya kawo ka. In ƙauye ne, sai ka bi ta hannun mai gari. Takardar izinin ɗauka kuwa kada ka yi wasa da ita, balle a bakin iyaka. A Yamai akwai hukumar sinima ta ƙasa, CNCN. Ranar da ka fito da kamara yara za su yi maka cincirindo, manya su gyara hula. Hoton wannan rana ba ya shiga fim. Wanda ake nema shi ne na ranar da ɗan kamasho ya manta da kai, yana ta faɗa da mai buhun gero a kan kuɗin kaya, yaron mota na sama yana jan igiya da haƙori. In ka samu irin wannan, kada ka motsa, kada ka yanke. Bari igiyar ta ɗauru, motar ta tashi, ƙura ta lafa.

Tunda babu mai bayani, sauti ne zai riƙe maka labari. Gara kamararka ta zama mai araha ka sayi makirfo na kirki mai rigar gashi, don iskar hunturu kan cinye magana ƙurmus.

Sannan ka koma ka nuna wa mutanen fim ɗinsu. Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim da ya zo Nijar a 1941, ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, ya ɗauki farautar dorina da Sarkawa ke yi a kogin Kwara. Da ya haska musu a Ayoru, suka ce kiɗan da ya ɗora bai dace ba, ƙara wa dorina ƙarfin zuciya zai yi. Farauta shiru take so. Ya karɓi gyaran. Ni a ganina wannan ya fi duk darasin makaranta.

Batun abinci, ba zan ruɗe ka ba, da wuya fim ɗin kaɗai ya riƙe gida. Yawanci aikin ƙungiyoyi da na biki ke ciyar da mutum, fim ɗin kuma a nema masa tallafi, a kai shi bukukuwan nuna fina-finai irin FESPACO da ake yi a Wagadugu duk shekara biyu. Saboda haka kada ka saki aikinka na ɗaukar bikin aure tukuna. Kuma ba sai ka yi nisa ba: Sani Magori da albasar garinsu Galmi ya yi fim ɗin 2008 da ya fito da sunansa. Daga Maraɗi zuwa Ɗan Isa akwai abin da zai ishe ka ɗauka tun daga kaka har faɗuwar damina.