Ina Cécile Aubry ta shiga bayan fim ɗin Manon?

Malam, ka tambayi abin da ya sa jarumar ta ɓace da wuri. Daraktan fim na Faransa Henri-Georges Clouzot ne ya fito da ita a Manon a 1949, fim ɗin ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Venice. A 1950 ta fito tare da jarumin Amurka Tyrone Power a The Black Rose, wanda aka ɗauka a Maroko, daga baya ta auri ɗan Pasha (wato mai mulki) na Marrakesh.

Kuskuren mutane shi ne ɗauka cewa ta bar harkar gaba ɗaya. Ta koma rubutu ne, kuma ni a nan na fi ganin hazaƙarta: ita ta ƙirƙiro shirin talabijin na Belle et Sébastien a 1965, ɗanta Mehdi ya taka rawar yaron, wato Sébastien. Ta rasu a 2010.

In bincike kake yi, tuntuɓi Cinémathèque française, cibiyar adana fina-finai da ke Paris.