Ana mana barazana kan gida, 'yan sanda sun ce mu tafi kotu

Tambaya: Barista, shari'ar gidan da maigidana ya bari tana gaban kotu. Ƙanensa ya zo da samari cikin dare, suka ɓalle kwaɗon ƙofa, ya ce in ban fita ba zai cinna wa gidan wuta. Na kai ƙara caji ofis, aka ce ba huruminsu ba ne. Ina mafita?

Amsa: Allah ya jiƙan maigida, ya tsare ki da yaran. Hajiya, maganar 'yan sandan rabinta gaskiya ce. Ba su ke yanke wanda ya mallaki gida ba, kuma sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana su kama mutum kan rikicin da ba na laifi ba. Amma ɓalle ƙofa da barazanar wuta laifi ne mai zaman kansa. Sashe na 397 na Final Kod, wato kundin dokar laifuka na Arewacin Najeriya, ya sa ɗaurin da zai kai shekara bakwai kan irin wannan barazana. Yana min ciwo yadda ake sallamar masu ƙara irinki da cewa "maganar gida ce".

Gobe ki sa lauyanki ya shigar da buƙatar gaggawa a kotun da shari'ar take, tare da takardar rantsuwa. A rubuta ranar, da lokacin, da ainihin kalaman da ya furta. Ki ɗauki hoton kwaɗon kafin a sauya shi, kada ki goge saƙo ko ɗaya a wayarki, ki nemi maƙwabcin da zai yarda ya ba da shaida. Alƙali na iya ba da umarnin wucin gadi tun kafin a saurari ɗaya ɓangaren, sai dai kwanaki kaɗan yake yi, dole a biyo shi da buƙatar wanda zai tsaya har ƙarshen shari'a.

Ga inda da yawa ke tuntuɓe: su samo umarnin hana shiga gidan, su manta da roƙon a sa 'yan sanda a ciki. Ki tabbatar an nemi kotu ta ambaci Kwamishinan 'Yan Sanda da Baturen 'Yan Sandan yankin ƙarara, a kai musu kwafi mai hatimi, su sa hannu sun karɓa. Kariyar ta ranki ce da zamanki a gidan kafin hukunci, ba ta mallaka miki shi ba.

In ƙanen maigidan ya taka umarnin, a kai masa Fom 48, wato takardar gargaɗin kotu kan saɓa umarni, sannan Fom 49, takardar da ke kiransa ya bayyana wa alƙali dalilin da ba za a ɗaure shi ba saboda raina kotu. Barazanar kuwa kina iya kai ƙararta kai-tsaye gaban majistare.

Ina roƙon ki, kada ki bari 'yan'uwanki su tara nasu samarin. Ranar da aka zubar da jini, har ke za a tuhuma.