Amsa: Idan abin da aka kai ƙara a kansa ya wuce kafin hukunci

Malam, ka tambaya ko kotu za ta ci gaba da sauraron ƙarar wanda aka dakatar daga aiki na wata shida, alhali wa'adin ya ƙare har ya koma bakin aikinsa.

Ya danganta da abin da ya roƙa. In soke dakatarwar kaɗai ya nema, alƙali zai iya korar ƙarar, domin kotu ba ta yanke hukuncin da ba zai canza komai ba. Amma in ya haɗa da albashin da aka riƙe masa, ko diyya, ƙarar tana nan da ranta. Shi ya sa nake ganin sakaci ne lauya ya rubuta buƙata ɗaya tak.

A Amurka, a 1974, Kotun Ƙoli ta ƙi yanke hukunci a ƙarar DeFunis, ɗalibin da ya ƙalubalanci hana shi gurbin karatun lauya a Jami'ar Washington. Ƙaramar kotu ta riga ta sa an ɗauke shi, kuma yana zangonsa na ƙarshe. Amma a shari'ar Roe ta 1973, wadda wata mata ta shigar kan dokar hana zubar da ciki, kotun ta yi hukunci duk da cikin matar ya daɗe da wucewa, saboda lamari ne mai maimaituwa da kan ƙare kafin shari'a ta kai ƙarshe.

A Najeriya, Peter Obi ya yi kusan shekara uku a kotu kan zaɓen gwamnan Anambra na 2003, sai 2006 ya karɓi kujera. Irin wannan jinkiri, da kan cinye wa'adin mai gaskiya, ya sa tsarin mulki yanzu ya ba kotun zaɓe kwana 180 ta yanke hukunci.