Amsa ga ƙanenmu mai tambaya a kan aikin ƙungiyar ɗalibai ta SUG

Assalamu alaikum. Ƙanena, ka ce ka samu gurbin karatu a ɗaya daga cikin jami'o'in jiharmu ta Katsina, ka tarar an haɗa kuɗin ƙungiyar ɗalibai a cikin kuɗin rajista, shi ne kake son sanin abin da ƙungiyar take tsinana wa ɗalibi. Tambayarka tana kan hanya, kuma zan amsa maka da abin da na gani lokacin da na wakilci sashenmu a majalisar wakilan ɗalibai.

Ƙungiyar tana da ɓangaren zartarwa, wato shugaba da mataimakinsa da sakatare da ma'aji da daraktan jin daɗin ɗalibai, sannan akwai majalisar wakilai wadda ke amincewa da kasafin kuɗi da bin bahasin yadda aka kashe shi. Dukkansu suna ƙarƙashin ofishin kula da harkokin ɗalibai, kuma hukumar makaranta tana da ikon rushe su ta naɗa kwamitin riƙon ƙwarya. Duk wanda ya gane wannan ba zai ɗora wa ƙungiyar abin da ya fi ƙarfinta ba.

Inda amfaninta yake bayyana shi ne a matsalolin yau da kullum da ke hana yaro karatu. A zafin Maris da Afrilu, idan ruwa ya yanke a ɗakunan kwanan ɗalibai, musamman ɓangaren mata, ɗalibi ɗaya ba shi da bakin da zai kai kuka a saurare shi. Na ga wani daraktan jin daɗi da ya bi ɗakunan ɗaya bayan ɗaya, ya rubuta famfunan da suka lalace da tsawon lokacin da suka yi babu ruwa, ya sa masu ɗakunan suka sa hannu, ya kai takardar ofis cikin ladabi, bai kuma daina komawa ba har sai da aka gyara rijiyar burtsatsen. A ganina wannan shi ne wakilci, ko da yake babu wanda ya ɗauke shi hoto. Haka batun mota yake. Jami'ar Umaru Musa 'Yar'adua, alal misali, tana kan hanyar Dutsin-Ma ne a wajen gari, kuma ɗalibai da yawa daga cikin birni suke zuwa kullum, saboda haka tun da aka cire tallafin man fetur a 2023 kuɗin mota ya zama babban nauyi. Shugabanni na gari sukan zauna da direbobin bas da masu Keke Napep a tsayar da farashin da ɗalibi zai iya biya. Su ne kuma ke roƙon a ƙara wa'adin rajista domin 'ya'yan talakawa, su bi sawun sakamakon jarrabawar da ya ɓace, su nuna wa sababbi yadda ake neman bashin karatu na NELFUND da aka fara a 2024.

Za ka ji masu kiran kansu kwamared suna cewa aluta, wato gwagwarmaya da zanga-zanga, ita ce kaɗai harshen da hukuma take ji. Gwagwarmayar ɗalibai tana da tarihi mai daraja, domin a 1978, da gwamnatin soja ta ƙara kobo 50 a kuɗin abincin ɗalibi na yini, ƙungiyar ɗalibai ta ƙasa, wato NUNS, ta tayar da zanga-zangar neman a sauke kwamishinan ilimi na tarayya, Kanar Ahmadu Ali, aka rasa rayukan ɗalibai a Legas da Zariya, aka haramta ƙungiyar, sai a 1980 sabuwar ƙungiyar ɗalibai ta ƙasa mai suna NANS ta maye gurbinta. Amma na shaida cewa zanga-zangar da ba a tsara ba takan ƙare ne da rufe makaranta da ɗora wa kowa kuɗin ɓarna, mai laifi da marar laifi, kuma iyayenmu ne ke biya.

Abin da ya fi ci mini tuwo a ƙwarya shi ne yadda wasu shugabannin suke mayar da kujerar tsanin shiga siyasa, su shafe wa'adinsu suna raba wa masu mulki lambar yabo, alhali ba su taɓa gabatar da rahoton kuɗi ba. Hakan yana faruwa ne saboda ɗalibai sun ɗauki zaɓen shugaba da muhimmanci sun yi watsi da na wakilan majalisa, waɗanda su ne ke da hurumin kiran ma'aji ya kawo rasit.

Saboda haka da zarar ka kammala rajista, ka nemi kundin tsarin mulkin ƙungiyar ka karanta, ka san wakilin sashenku da na ɗakin kwananku, ka halarci taron da ake karanta rahoton kuɗi ka yi tambaya. Idan kuma matsalarka ta tallafin karatu na jiha ce, wannan ba hurumin SUG ba ne, ƙungiyar ɗaliban jihar Katsina ta NAKATSS za ka nema. Allah ya ba da sa'ar karatu.