Lord Delamere: yadda Bature manomi ya zama ɗan majalisa a Kenya

Tambaya: Ina yawan cin karo da sunan Lord Delamere idan ana maganar rikicin filaye a Kenya. Wane ne shi? Kuma yaya aka yi Bature mai gona ya zama ɗan majalisa a ƙasar baƙar fata, alhali mu a nan mulki da ciniki kawai muka san Turawa da su? Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Sunansa na yanka Hugh Cholmondeley. An haife shi a Ingila a 1870, ya gaji sarautar gidansu yana ɗan shekara 17. Farautar zaki ce ta fara kai shi ƙasar Somaliya a 1891, har wani zaki ya raunata shi a ƙafa. Daga can ya ratso ta ƙasa ya iso tsaunukan Kenya a 1897, ya ga ƙasa mai sanyi da ciyawa, ya ƙwallafa rai a kanta.

Ya zo a kan gaɓa. Birtaniya ta kashe fam miliyan 5 da ɗoriya wajen shimfiɗa layin dogo daga Mombasa zuwa bakin tafkin Victoria, aka gama a 1901, sai ga jirgi ba kayan ɗauka. Kwamishina Sir Charles Eliot, shugaban mulkin Birtaniya a ƙasar, ya ga mafita ita ce a jawo Turawa su zauna su yi noma. Ta haka Delamere ya samu eka 100,000 a Njoro a 1903, haya ta shekara 99.

Gonar ta ba shi kashi, kuma wanda bai san wannan ba ba zai gane siyasarsa ba. Tumakin da ya sayo daga ƙetare suka riƙa ramewa suna mutuwa ga ciyawa shar a gabansu. Makiyayan Masai sun daɗe suna kauce wa wurin. Daga baya bincike ya nuna ƙasar yankin na da ƙarancin sinadarin kobalt, wanda tumaki da shanu ba sa rayuwa sai da shi. Ya koma shanu, ciwon huhu da zazzaɓin da kaska ke yaɗawa suka cinye garken. Ya shuka alkama, cutar tsatsa ta bi gonar. Maimakon ya tattara ya koma gida, sai ya jinginar da gidan gadonsa na Ingila, ya ɗauki masanin tsirrai ya sa shi auren irin alkama har a samu mai jure tsatsa, ya riƙa barbarar tumakin gida da ragunan ƙetare. Dabbobin ya mayar da su Soysambu, gefen tafkin Elmenteita, ya kuma kafa kamfanin niƙa gari mai suna Unga. A fannin noma dai ba a raina ƙoƙarinsa. Sai dai duk da bashi aka yi, kuma mai bashin banki a wuya abu uku yake nema wurin gwamnati: fili mai arha, lebura mai arha, da kariya ga farashin amfaninsa. Siyasarsa ba ta wuce nan ba.

Majalisar Dokokin ƙasar ta fara zama a 1907. Kada ka ɗauke ta kamar ta yau. Gwamna ne shugabanta, ma'aikatan gwamnati su ne masu rinjaye, sai 'yan tsirarun mutanen waje da gwamna ke naɗawa. Delamere na cikin na farko da aka naɗa. Bai yi shekara ba, a 1908, ya ja zugar Turawa manoma zuwa gidan Gwamna Sadler suna neman ya sauka, saboda gwamnati ta fito da ƙa'idojin ɗaukar lebura da ba su yi masu daɗi ba. Aka dakatar da shi, daga baya ya dawo. Salonsa ke nan har ya mutu: a cikin zaure ba shi da yawan ƙuri'a, sai ya haɗa da matsin lamba daga waje, ta ƙungiyar manoma Turawa da aka kafa a 1910 da kuma abokansa masu faɗa a ji a Landan.

Kuma ya ci riba. Dokar filaye ta 1915 ta tsawaita haya daga shekara 99 zuwa 999. Aka keɓe tsaunuka wa Turawa zalla. Harajin bukka ya tilasta wa magidanci fita neman kuɗi, sannan aka ɗora wa kowane namiji baligi ɗan ƙasa rataya kipande, wata 'yar gwangwani mai ɗauke da takardar shaida da zanen yatsa da sunan ubangidansa, don kada ya gudu daga aiki. A gaban hukumar binciken ƙwadago ta 1912 zuwa 1913 Delamere bai ɓoye ra'ayinsa ba, cewa muddin ɗan ƙasa na da isasshen filin da zai ci da kansa, ba za a samu lebura ba. Ana yawan ambaton ƙaunarsa ga Masai da jin yarensu, kuma gaskiya ne, amma a zamaninsa aka kwashe su daga makiyayarsu har sau biyu, da yarjejeniyar 1904 da ta 1911.

A nan tarihin ya taɓo mu. Gwamnan da ya yi kwasa ta biyu shi ne Sir Percy Girouard, wanda ya mulki Arewacin Najeriya daga 1907 zuwa 1909, ya kuma assasa layin dogo na Baro zuwa Kano. Aikin da ya fara kan filaye shi ya haifi dokar 1910, wadda ta sa ƙasar Arewa a hannun gwamna a matsayin amanar 'yan ƙasa, abin da ya toshe wa baƙi hanyar mallakar manyan gonaki. Mutumin nan dai shi ya je Kenya ya yi wa Turawa alkawarin filin Masai na Laikipia, magana ta fasu, ya ajiye aiki a 1912. Bambancin ba na halin gwamna ba ne. A nan ya tarar da sarakuna da tsarin haraji da manoma masu fitar da amfani, ga zafi da zazzaɓi. A can ya tarar da su Delamere sun riga sun kafa sansani.

A 1920 ƙasar ta koma sunan Kenya, aka yi zaɓen farko na kujeru 11, Turawa kaɗai ke jefa ƙuri'a, Delamere ya shiga a matsayin wakilin Rift Valley kuma jagoran zaɓaɓɓu. Turawan ba su kai 10,000 ba a lokacin, Indiyawa sun haura 20,000, suka nemi a yi rajistar zaɓe guda. Rikici ya yi tsanani har wasu Turawa suka shirya sace Gwamna Coryndon idan Landan ta amince. Delamere ya jagoranci tawaga zuwa Landan a 1923. Takardar Devonshire, wato matsayar da gwamnatin Birtaniya ta fitar a shekarar, ta bar wa Turawa kujerunsu 11 da tsaunukansu, ta ba Indiyawa 5 a rajista daban, Larabawa 1, baƙar fata kuwa aka ce Bature ɗan mishan ya wakilce su. Amma ta ce idan muradun baƙi suka ci karo da na 'yan ƙasa, na 'yan ƙasa ne gaba. Wannan ya rushe babban burinsa, wato mulkin kai na Turawa irin wanda Rodeshiya ta Kudu (Zimbabwe ta yau) ta samu a 1923 ɗin. Ya sake gwadawa ta neman haɗe Kenya da maƙwabtanta, ya koma Landan a 1930, bai dace ba. Ya mutu a Nuwamba 1931 da bashi mai nauyi.

Don ka auna: a 1923 mutanen Legas da Kalaba sun zaɓi wakilai 4 zuwa majalisar Najeriya. A Kenya sai 1944 baƙar fata na farko, Eliud Mathu, ya shiga majalisa, shi ma naɗi ne, zaɓe kuwa sai 1957. Da aka zo 'yancin kai a 1963 ba a ƙwace gonakin ba, saye aka yi da rancen Birtaniya, wanda ba ya son sayarwa ya riƙe abinsa. Zuriyar Delamere na cikin waɗanda suka riƙe, kuma Soysambu, mai faɗin eka kusan 48,000, har yau tana hannunsu. Shi ya sa kake jin sunan duk lokacin da maganar fili ta taso.